Aron Jiki

Kowace sana'a tana da abin da mai koyo yake ɓatawa kafin ya gwanance. Ɗan koyon ɗinki yana ɓata ƙyalle, ɗan koyon ƙira yana ɓata ƙarfe, mai koyon tuwo kuwa sai ya zubar da gari ba sau ɗaya ba. Duk wannan asara ce da ake iya mayarwa. To amma wanda yake koyon sara da takobi, ko karya hannu, ko maƙure wuya, a kan me zai gwada? Ba shi da abin gwaji sai jikin ɗan'uwansa, jiki kuwa ba a sayo wani a kasuwa. A ganina, duk mai son ya fahimci wasannin faɗa na ƙasar Japan, daga wannan tambaya ya kamata ya faro.

Yawancinmu a majigi da talabijin muka fara ganin waɗannan wasanni, shi ya sa muke haɗa su duka mu kira su kareti, ko da na ƙasar Sin ne ko na Koriya. A can Japan kuwa kowanne da sunansa da tarihinsa da malamansa. Akwai judo, akwai kendo, akwai kyudo da aikido da sumo, ga kuma shi karetin. Sunan da ya game su shi ne budo, wato tafarkin yaƙi. Bambancin da ke tsakaninsu ya wuce na makami ko na tufafi, domin kowanne da irin amsar da ya ba waccan tambaya.

Ɗaruruwan shekaru mayaƙa ne suke riƙe da mulkin Japan. Su ake kira samurai, kuma gadon abin ake yi, ɗa ya gaji uba. Kowane gwanin takobi ko mashi ko baka da ya shahara yakan kafa makarantarsa, wadda suke kira ryu. Ma'anar kalmar kwararar ruwa, kamar rafin da ya taso daga ido ɗaya ya yi ta gangarawa. Malami ba ya ba kowa sirrinsa. Sai almajiri ya shekara da shekaru a gabansa, sa'an nan a rubuta masa shaida a naɗaɗɗiyar takarda, kusan yadda malaman zaure suke ba da ijaza. Wata makaranta mai suna Katori Shinto-ryu, wadda aka kafa tun ƙarni na 15, tana nan har yau, kuma al'adarta ce sabon shiga ya ɗauki alkawari, ya hatimce shi da ɗigon jinin yatsarsa.

Amsar da waɗannan tsofaffin makarantu suka bayar ita ce kata. Mutum biyu za su tsaya da takubban katako, kowa ya san saran da zai kai da wanda za a kawo masa, taku bayan taku, ba ƙari ba ragi. Za su yi ta maimaitawa har jiki ya haddace. Abin da ya fi burge ni a wannan tsari shi ne, babba ne yake ɗaukar matsayin wanda za a sara. Malami ko tsohon almajiri shi zai kawo hari, ya buɗe kafa daidai gwargwadon ƙarfin yaro, ya bar yaron ya ci nasara a kansa. In yaron ya ƙaru, sai a ƙuntata kafar.

Sai dai kata tana da nata rauni. Daga 1603 zuwa 1868 gidan Tokugawa ya riƙe ƙasar, aka sami dogon zaman lafiya, har aka haifi samurai da suka tsufa suka mutu ba su taɓa ganin fagen fama ba. Mutum yana iya yin shekara talatin yana kata, bai san abin da zai yi ba in abokin gaba ya ƙi bin tsari. Saboda haka a ƙarni na 18 wasu malamai suka ƙago takobin gora, da kwalkwali mai ragar ƙarfe a fuska, da sulken ƙirji da safar hannu mai kauri. Da waɗannan sai a yi sara da gaske, ba wanda zai mutu. Daga nan kendo na yau ya samo asali. Har yanzu kuwa bai yarda ya zama bugun gora kawai ba. Kafin alƙalai su ba ka maki, sai sara da taku da tsawar murya sun faɗi lokaci guda, kuma bayan saran ka ci gaba da zama cikin shiri. Wanda ya yi tsallen murna ana iya ƙwace makin da aka riga aka ba shi. Jarrabawar mataki na takwas, wanda shi ne ƙololuwa a yau, ba a shiga sai an kai shekara 46, kuma kusan mutum ɗaya ne cikin ɗari yake ci.

A 1868 mulkin mayaƙa ya faɗi, Japan ta juya ga zamani da gaggawa. A 1876 aka hana samurai yawo da takobi. Malaman jujutsu, wato dabarun kama mutum da kayar da shi ba da makami ba, suka wayi gari ba almajirai. Da yawansu suka koma ɗori, domin wanda ya san yadda ake karya ƙashi ya san yadda ake haɗa shi.

Cikin wannan hali ne wani saurayi ɗan makaranta ya riƙa bin gidajen maɗora a Tokiyo yana neman mai koya masa jujutsu. Sunansa Kano Jigoro. Sunan ba shi da wata dangantaka da Kanon Dabo, dacewa ce kawai, ko da yake ɗalibaina ba sa gajiya da cewa ɗan garinmu ne. An haife shi a 1860. Ƙanƙane ne, ba ƙiba ba tsawo, kuma ya sha cin zali a hannun manyan yara a makaranta. Daga ƙarshe ya sami wani maɗori mai suna Fukuda Hachinosuke ya karɓe shi. Bayan rasuwar Fukuda ya yi karatu wurin wasu malamai biyu, ya haɗa ilimin makarantu biyu. A 1882, bai cika shekara 22 ba, ya buɗe tasa makarantar a wani ɗaki na gidan bautar mabiya Buda a Tokiyo, ɗakin da tabarma goma sha biyu ta cika shi. Ya sa mata suna Kodokan, abin da yake koyarwa kuma ya kira shi judo. Ju sassauci ne, do kuwa tafarki. Ya ajiye kalmar jutsu, wadda take nufin dabara, domin shi malamin makaranta ne, kuma tarbiyya yake nufi. Ya yi fiye da shekara ashirin yana shugabancin babbar kwalejin horon malamai ta Tokiyo.

Abin da Kano ya yi, a ido kamar ragi ne. Ya tsince dabarun da ba a iya gwadawa sai an yi ɓarna, irin su tsokane ido da naushi da shuri a wurare masu haɗari, ya kulle su cikin kata, ba a yin su sai a tsare. Sauran kuwa, wato kayarwa da dannewa da shaƙa da lanƙwasa gwiwar hannu, ya sake su a yi ta gwabzawa da su da iyakar ƙarfi, kowace rana, da abokin da yake turjiya da gaske. Masu tsohon ra'ayi suna ganin ya cire wa zaki haƙora. Ni kuwa ina ganin ya fi su hangen nesa. Sai an gwada akan san na ƙwarai. Wanda ya kayar da mai turjiya sau dubu ya fi wanda yake riƙe da muguwar dabarar da bai taɓa gwadawa a kan kowa ba.

Ni da girmana na shiga judo, ina da shekara talatin da 'yan kai, a wani zaure na filin wasan garin da nake koyarwa. Malaminmu tsohon ɗan sanda ne, mai ƙarancin magana. Makonnin farko ba mu kama rigar kowa ba. Faɗuwa kawai muke koyo, abin da Japanawa suke kira ukemi. Mu faɗi ta baya, mu faɗi ta gefe, mu wuntsila ta gaba. Ka maƙale haɓa a ƙirji don kada ƙeya ta bugi ƙasa, ka daki tabarma da hannu a miƙe don ƙarfin faɗuwar ya watsu, kada kuma ka kuskura ka tokare da tafin hannu, nan ake karaya. Zauren yakan cika da ƙara kamar ana bugun shinkafa. Wata rana wani saurayi da haƙurinsa ya ƙare ya ce, "Malam, wai yaushe za mu fara kayarwa?" Malam ya dube shi ya ce, "Ranar da na tabbata in an kayar da kai za ka dawo gobe."

Da muka fara kayarwar, sai na ga ashe nauyin a kan mutum biyu yake. Ba ɗaga mutum ake yi da ƙarfin tuwo ba. Gusar da shi ake fara yi daga tsayuwarsa: in ya turo ka ja, in ya ja ka tura, har nauyinsa ya koma kan yatsun ƙafa ko diddige, sa'an nan ka shiga ƙarƙashinsa da ƙugu ko ka share ƙafar. In an dace, ƙato yakan tashi kamar buhun auduga. Amma aikin mai kayarwa bai ƙare ba don abokinsa ya bar ƙasa. Dole ya riƙe hannun rigarsa gam, ya ja sama, don ya sauka ta gefe, kai bai taɓa tabarma ba. Malam ya fi faɗa a kan wanda ya saki hannun riga bisa wanda ya kasa kayarwa.

Sai kuma shaƙa. Abokin gwajina a lokacin yaro ne da na kusa haifa, ɗan aji biyar a sakandare. Ranar da ya fara zagayo wuyana da kwalar rigata ya matse, na ji kunnuwana sun ɗauki ƙugi, gefen idona ya soma duhu. Na taɓa kafaɗarsa sau biyu da tafin hannu, kamar yadda aka koya mana. Kafin hannuna ya sauka ya saki. Ya ce, "Sannu, Baba," muka gyara riguna, na kama nasa wuyan. Na daɗe ina tunanin wannan taɓi biyu. Ba a rubuta yarjejeniya ba, ba shaidu, amma na miƙa wuyana ga yaron da ban san gidansu ba, bisa amanar cewa in na ce ya isa, to ya isa. Rusunawar da ake yi kafin a kama da bayan an saki, wadda baƙo yake ɗauka al'ada ce kawai, ni godiya na ɗauke ta, irin wadda ake yi wa wanda ya ba ka aron abu mai tsada. Babba yana yi wa ƙarami, ƙarami yana yi wa babba, durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne.

Japanawa ma da sunan aro suke kiran abin. A sumo, in babban ɗan kokawa ya tsaya ya buɗe ƙirji, ƙarami ya yi ta zuwa da gudu yana karo da shi yana turawa har ƙarfinsa ya ƙare, sai su ce babban ya ba da aron ƙirjinsa. Sumo ya girmi duk sauran, shi ne kuma ya fi kama da kokawarmu ta gargajiya. Fagensa da'ira ce ta yumɓu, faɗinta mita 4.55, ana watsa mata gishiri don tsarkakewa kafin a kara. Wanda ya fita da'irar, ko wani sashe na jikinsa ban da tafin ƙafa ya taɓa ƙasa, an ka da shi. Shi ya sa karawar takan ƙare cikin 'yan daƙiƙu, shirinta ya fi ta tsawo nesa ba kusa ba.

Baƙar ɗamarar da kowa ya sani, ita ma daga Kodokan ta fito. Launukan nan masu yawa, ruwan ɗorawa da kore da shuɗi, daga baya suka yaɗu, musamman a Turai. Matakin farko na baƙar ɗamara kuwa, sunansa a Japananci matakin farawa. Mu ne muke ɗaukar mai ita ya gama.

Kareti ba a tsakiyar Japan aka haife shi ba. Daga tsibirin Okinawa ya fito, wanda masarauta ce mai cin gashin kanta, mai tsohuwar hulɗa da Sin, kafin Japan ta haɗiye ta a 1879. A 1922 wani malamin makaranta daga can, Funakoshi Gichin, ya je Tokiyo ya nuna shi. Kano ya gayyace shi Kodokan, kuma daga judo kareti ya ari farar riga da tsarin ɗamara. A da ana rubuta sunan da ma'anar hannun Sin, daga baya aka mai da shi hannu wofi. Naushi ba shi da taɓi biyu, in ya sauka ya sauka. Saboda haka yawancin makarantun kareti suka koya wa ɗalibi ya kai naushi da cikakken sauri, ya tsai da shi gab da fata. Makarantar Kyokushin ta ƙi wannan, ta ce a daka da gaske, amma ta hana naushi a fuska. Aikido, wanda Ueshiba Morihei ya kafa, ya bi wata hanya dabam: babban reshensa ya ƙi gasa ɗungum, yau kai ne mai kayarwa, an jima kai ne mai faɗuwa. Kyudo kuwa ya sallami abokin karawa gaba ɗaya. Daga kai sai baka mai tsawon fiye da mita biyu, da abin bara a nisan mita 28.

Ba zan ɓoye wa mai karatu ba, amanar nan an sha cin ta, a Japan ɗin kanta. A shekarun da suka kai ga Yaƙin Duniya na Biyu, gwamnatin soja ta mai da budo kayan cusa wa yara son yaƙi. Da aka ci ƙasar a 1945, sojojin mamaya suka hana koyar da shi a makarantu. Judo bai koma aji ba sai 1950. Ko bayan nan ba a rabu da Bukar ba. Wani bincike da aka yi a Japan ya nuna cewa daga 1983 zuwa 2011 yara fiye da ɗari sun mutu ta dalilin judo a makarantu, da yawansu saboda buguwar kai, kuma akasarinsu sababbin shiga ne. Wato yaran da aka kayar tun ba su iya faɗuwa ba. A ƙarshen 2012 mata goma sha biyar daga manyan 'yan wasan ƙasar suka kai ƙarar mai horar da su kan duka da zagi, a farkon 2013 ya ajiye aiki. A 2022 hukumar judo ta Japan ta soke gasar ƙasa ta 'yan firamare, saboda ta ga manya sun ɗora wa yara haukan neman nasara, har ana sa su rage cin abinci don su shiga rukunin marasa nauyi. Faransa, wadda a yau ta fi Japan yawan masu judo da rajista, tun 1955 ta kafa dokar cewa ba mai koyar da shi a matsayin sana'a sai da shaidar gwamnati. Duk lokacin da na ji ana yabon ladabin budo kamar wani abu ne da yake zuwa da farar riga, waɗannan yara nake tunawa. Rigar ba ta hana komai. Mai riƙe da hannun rigar ne yake hanawa, in an koya masa, in kuma akwai mai sa masa ido.

Kano shi ne mutumin Asiya na farko da ya shiga kwamitin Olamfik na duniya, a 1909. Ya rasu a 1938 cikin jirgin ruwa, a kan hanyarsa ta komawa gida daga taron kwamitin a Alƙahira. Bai ga ranar da judo ya shiga gasar ba, a Tokiyo, a 1964. Rukuni huɗu aka yi a wannan shekara, Japan ta cinye uku. Na huɗun shi ne wanda ba ruwansa da nauyi, shi ne kuma Japanawa suka fi ƙwallafa rai a kansa. A karawar ƙarshe wani dogon Bature ɗan ƙasar Holan, Anton Geesink, wanda ya yi horo a Japan ɗin, ya danne Kaminaga Akio har lokaci ya cika. Mutanensa suka zabura za su hau tabarma da murna. Geesink ya ɗaga hannu ya tsai da su, domin ba a yi rusunawar rabuwa ba tukuna.

A wannan gasa kuma wata mata ta hau tabarma, ba don neman lambar yabo ba, domin judon mata bai zama cikakkiyar gasar Olamfik ba sai 1992. Sunanta Fukuda Keiko, jikar maɗorin nan da ya fara karɓar Kano. Kano da kansa ya gayyace ta Kodokan, don tunawa da malaminsa, ta shiga a 1935. Ta yi shekaru da dama a mataki na biyar ba ƙari, saboda a lokacin nan ne iyakar mata. Daga baya ta koma Amurka, ta ci gaba da koyarwa a San Faransisko har ta rasu a 2013 tana da shekara 99. Abin da ta nuna a Tokiyo, ita da abokiyar aikinta, shi ne ju-no-kata, wato katar sassauci. Dabaru goma sha biyar ne, ana yin su a hankali ƙwarai, kuma ba a ƙarasa kayarwa ko ɗaya. Za ka gusar da abokinka, ka shiga ƙarƙashinsa, ka ɗaga shi a bayanka har ƙafafunsa su miƙe sama. Ba abin da ya rage sai ka sake shi ya faɗi. Sai ya yi alamar ya isa, kai kuma ka sauke shi sannu a kan ƙafafunsa, ku koma mazauninku ku fara ta gaba.